Tabon Goshina da Idon Tanimu

Bismillahir Rahmanir Rahim.

Daga mahaifinka Haruna, a Jurf, Madina, zuwa ga ɗana Mansur.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina roƙon Allah Ya sauke ka Jidda lafiya, Ya tsare ka a kan hanya, Ya haɗa ka da mutanen kirki, Ya nisanta ka da masu yi maka murmushi alhali jikinka suke ciniki. Mahaifiyarka ce za ta sa wannan takarda a jakarka, ƙarƙashin tufafi. Da Hausa na rubuta, ko da yake na san za ka sha wuyar karantawa, domin abin da zan faɗa maka ban taɓa iya tunaninsa da Larabci ba. Ka bi ta a hankali. Inda ta gagare ka, ka kai wa kawunka Sale, ya san labarin.

Ka ce mana aikin gadi ka samu a tashar jiragen ruwa. Na yarda akwai aikin, amma ba shi kaɗai ke jan ka ba. Mahaifiyarka ta tsinci takardar talla a aljihunka ranar wanki: ƙarti biyu a kan dandamali, an kewaye su da waya mai ƙaya, ɗaya jini ya rufe masa fuska. A bayanta an rubuta lambar waya da biro. Da na tambaye ka, ka yi dariya ka ce, "Ya buya, hada tamsil bas," wai wasan kwaikwayo ne kawai, ba wanda ke jin ciwo. Ka ga na yi shiru, ka zaci na gamsu. Ban gamsu ba. Bakina ne ya mutu, domin kalmomin da na faɗa wa mahaifiyarka ke nan, shekara goma sha biyu da suka wuce, a tsakar gidan nan.

Tabon da ke goshina ba ƙofar tankar ruwa ce ta yi min shi ba, kamar yadda na gaya muku kuna yara. Ni na yi wa kaina, da reza.

Bari in faro daga farko. Kakanka, Allah Ya ji ƙansa, ɗan kokawa ne a Gobir kafin ya taho Hajji da ƙafa ya zauna a nan. Shi ya koya min kamu. A zamanin samartakata, ranar Sallah mukan fita cikin yashin Aƙiƙ, mu da 'yan Nijar da 'yan Chadi, a yi da'ira a kama. Wanda gwiwarsa ta taɓa ƙasa shi ke nan an gama, sai a ɗaga shi a kakkaɓe masa yashi, a je a ci abinci a akushi ɗaya. Na yi shekaru ba a kayar da ni ba. In na shiga gahwa, wurin shan shayi da hira, sai a ce ga Haruna, a matsa min. Ban san wannan abu ya shiga jinina ba sai da na yi aure, na kama tuƙin tankar ruwa, aka daina kirana. Ina da mata da 'ya'ya da aikin yi, amma kullum ina jin kamar an ƙwace min wani abu. Wannan shi ne kuskurena na farko, kuma daga shi sauran suka fito. Na saba da tafi har na ɗauka shi ne darajata. Mansur, na ga yadda kake juyawa in samarin unguwa sun taɓa damtsenka suna yaba ka. Ka kula da wannan daɗin. Duk wanda ya gane kana jin yunwarsa zai iya jan ka inda ya ga dama, ba sai ya ɗaga murya ba.

Wanda ya gane tawa yunwar wani ɗan kwangilar gine-gine ne da ake kira Abu Nizar, ina kai masa ruwa wurin aiki. Lokacin talabijin ta fara nuna musara'a, kokawar nan ta Turawa da ake yi cikin igiya, gari kuwa ya haukace da ita. Tsofaffi ma sukan bar shayi ya huce suna kallo. Abu Nizar ya taɓa ganinta ido da ido a ƙasar waje, sai ya kafa dandamalin katako a wani shingen gonarsa ta dabino, can bayan Aƙiƙ, ba tare da izinin kowa ba. Duk Juma'a bayan la'asar ake yi. Ya samo wani Baturke mai gidan burodi, da wani Bamisre, da 'yan Pakistan biyu. Ya ce min, "Kai ne za ka zama gwarzon Madina." Ban ko tambaye shi me ake yi a ciki ba. Na ce to.

Juma'a uku muka yi lafiya. An koya mana yadda ake faɗuwa, da yadda ake dukan da ba ya sauka, kuma tun kafin a hau an san wanda zai ci. A nan gaskiyarka ce, shiri ne. Amma a Juma'a ta uku mutane suka fara hamma. Wasu suna cewa ba haka ake yi a talabijin ba. Abu Nizar ya kira ni gefe ya ce mako mai zuwa wasan ba doka za a yi: sarƙa, kujerun ƙarfe, duk abin da hannu ya samu. Ya ce yana son abokin karo baƙi kamar ni, wanda ya fi ni girma, wanda ba a san fuskarsa ba.

Nan take Tanimu ya faɗo min a rai.

Tanimu mutumin Damagaram ne, ɗan dako a kasuwar dabino. Shekararsa huɗu a Madina a kan iƙama, wato takardar zaman baƙo, a ƙarƙashin wani mai shago da ya tsaya masa a matsayin kafili. Ya fi ni tsawo da kai guda, ga sanyin hali. Buhu biyu yake ɗauka lokaci ɗaya, amma ko kyanwa ba ya iya kora daga kan tabarmarsa. Ya bar mata da 'ya'ya mata uku a gida. Da na kawo masa maganar sai ya ce, "Yaya Haruna, ni baƙo ne. In wani abu ya faru, kai kana da tabi'iyya, ɗan ƙasa ne kai. Ni fa?" Na dafa kafaɗarsa na ce, "Ba abin da zai faru. In ma ya faru, ina nan." Ya dube ni ya ce, "To, tunda kai ne."

Ɗana, kada ka taɓa jan wani cikin abin da in ya ɓaci kai za ka tsira shi ba zai tsira ba. Kuma kada ka ce wa mutum "ina nan" sai ka zauna ka auna ko za ka iya tsayawa ranar da 'yan sanda suka zo. Ni ban auna ba. Daɗin bakina kawai na ji.

Abu Nizar ya ba Tanimu suna Dodon Daji. Aka ɗaura masa fatar akuya a ƙugu, aka shafa masa farar ƙasa a fuska, aka ce kada ya yi magana ko ɗaya, sai gurnani. Mai shela zai ce daga dajin Afirka aka kamo shi, ba ya jin maganar mutane. Mutumin da ba ya rasa sahun farko a sallar asuba. Na tsaya ina kallo ana shafa masa, har na yi dariya. Ban tuna ba cewa irin sunayen da yara ke jifan kakanka da su a hanya ne, waɗanda yake dawowa gida ya ƙi cin abinci saboda su. Na san mutanen Jidda ma za su ba ka suna. Ka dubi fatarka, ka dubi tasu, ka tambayi kanka wane suna suka tanadar maka, da abin da za su ce ka ɗaura. In sunan da ba za ka so a kira ka da shi a gaban mahaifiyarka ba ne, ka ajiye musu kayansu.

Ga yadda aka shirya. Tanimu zai shigo da sarƙar jan mota, ya yi kamar ya buga min a kai. Zan faɗi in kife, in zaro guntun reza da aka ɓoye min a cikin bandejin wuyan hannu, in tsaga goshina kaɗan. In jini ya fito sai in tashi, in ƙwace sarƙar, in kayar da shi, in daki katako kusa da kansa sau uku. Shi kuma ya kwanta kamar ya suma. Mun gwada sau da yawa ba reza, komai ya tafi daidai.

Ranar, shingen ya cika har kan katanga. Ban taɓa ganin taro haka ba. Akwai mutanenmu da yawa, akwai Larabawa, akwai Yamalawa leburori. Tanimu ya shigo yana gurnani, ana jifansa da ƙwallon dabino. Ya kai min sarƙar, na faɗi, na zaro rezar. Sai na tsaga fiye da yadda aka ce. Ba wanda ya gaya min goshi yana zubar da jini haka. Da na ɗago, ya cika min ido, ya shiga bakina. Na ji wurin ya ɗauki wata irin ƙara wadda ban taɓa ji ba a duk shekarun da na yi ina kokawa a Aƙiƙ. Na ƙwace sarƙar, na kayar da shi, na daki katako. Suka gane katako na daka. Suka fara ihu, "Idbahu! Idbahu!" wato in yanka shi.

A nan zan gaya maka abin da ban taɓa gaya wa kowa ba, har mahaifiyarka. Ban yi nufin idonsa ba. Amma a duka na biyu na yi nufin sarƙar ta taɓa shi. Na ce a raina, bari ta ɗan same shi a kafaɗa, su ji ƙarar ta gaskiya. Na matsar da hannuna da gangan. Shi kuma ya ga jinin da ke zuba daga fuskata ya yi yawa, sai ya ɗago kai don ya duba ni. Ƙugiyar da ke bakin sarƙar ta same shi a idon hagu.

Ya yi ƙara da Hausa, "Yaya Haruna, idona! Idona!" Rabin taron suka fashe da dariya, wai dodo ya yi magana. Mutanenmu kuwa sun ji abin da ya ce. Suka yo kan dandamalin, yaran Abu Nizar suka tare su da kujeru, masu son a ci gaba da wasa suka shiga faɗan. Kwalabe suka fara tashi. Katangar gefe ɗaya ta rushe da mutane a kanta. Wani dattijo mai sayar da ruwan sanyi aka tattake shi, hannunsa ya karye. Sai aka ce ga 'yan sanda.

Ka ce min shiri ne. E, shiri ne, har lokacin da mutum ɗari da ɗari suka buɗe baki a kanka. Daga nan ba kai ke riƙe da hannunka ba. Na fi ka shekaru a lokacin, ina da 'ya'ya uku, ina sallah, kuma mutumin da ke kwance a ƙasa abokina ne. Duk wannan bai hana ni ba. Kada ka ce kai ka fi ƙarfin zuciyarka. Kuma ka sani, taron da ya ga jini yau ba zai koma ya gamsu da kamu gobe ba. Mu sarƙa aka ba mu. Ku ga shi an kai ga waya mai ƙaya. Ban san abin da za a miƙo muku bayanta ba, kuma wannan tunanin ne ke hana ni cin abinci tun ranar da na ga takardar.

Da na ji an ambaci 'yan sanda, na sauka ta bayan dandamali, na naɗe kaina da rawanin wani, na bi ta cikin dabinai. Na bar Tanimu a kwance yana riƙe da fuska. Daga baya na ji yaran Abu Nizar ne suka jefa shi bayan mota, suka ajiye shi a ƙofar asibiti da fatar akuyar a jikinsa, suka gudu. Likitoci suka cire idon. Sau biyu na je har bakin asibitin. Na ga ɗan sanda a zaune a ƙofar ɗakin, na taɓa ƙyallen da ke goshina, na juya. Na ce wa kaina ina da iyali. Shi ma yana da su.

Mako biyu ba a yi wata magana a Madina ba sai wannan. A gahwa ana ta gardama. Wasu na rantsuwa ƙarya ce duka, jan ruwa ne aka zuba, har idon ma dabara ce. Wasu na cewa wace irin masifa ce a tara Musulmi a garin Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, su biya don su ga jinin ɗan'uwansu. Limamin masallacinmu ya yi magana a kai bayan sallah, bai kama suna ba, amma sahun gaba duk suka waiwayo. Samari kuwa haushinsu shi ne an rufe wurin. Har akwai waɗanda suka tare ni a hanya suna sumbatar kaina, wai ban taɓa burge su kamar ranar ba.

Dattawanmu suka kira ni gidan Alhaji Bukar, wanda shi ne babba a cikin Hausawan Jurf a lokacin. Ya ce, "Haruna, faɗa mana gaskiya, yaya aka yi?" Na ce, "Baba, wasa ne. An ce ya kwanta kada ya motsa, shi ya ɗaga kai." Ka ji. Na ɗora wa mai ido ɗaya laifin idonsa, yana kwance a asibiti ba zai iya kare kansa ba. Suka ce tsautsayi ne, aka yi addu'a aka tashi. Ina fitowa na ci karo da Inna Gambo, tsohuwar da ke sayar wa 'yan dako tuwo, wadda Tanimu ke ci a wurinta. Ba ta amsa gaisuwata ba. Ta ce, "Na ji an ce shi ya ɗaga kai. To wa ya kai kan nasa wurin?" Ta wuce. Har ta rasu ba ta ƙara yi min magana ba.

Da a gaban dattawan nan na faɗi gaskiya, da sun tashi sun je wurin kafilinsa, da wataƙila an rufa masa asiri. Da yake na ce laifinsa ne, ba wanda ya motsa. Kafilin ya ce ba shi da ma'aikaci mai wasan banza, ya janye hannunsa. Daga asibiti aka wuce da Tanimu gidan tsare baƙi, daga can aka sa shi a jirgi. An tambaye shi wa ya buge shi, ya ce bai gani ba, jini ya rufe masa ido. Ɗan sandan da ya yi masa tambayar da kansa ya faɗa wa kawunka. Abu Nizar kuwa an kira shi an yi masa faɗa, ya rushe dandamalin, ya ci gaba da gine-ginensa. Na ci gaba da kai masa ruwa har shekara biyu.

In ka yi ɓarna, Mansur, ka faɗe ta a ranar, tun tana iya amfanar wanda ka cuta. Gaskiyar da nake rubutawa yau ba za ta mayar wa Tanimu komai ba. Wani alhaji daga wajensu ya ba ni labarinsa: yana ƙauye yana tufka igiya, dako ya gagare shi, ɗaya idon ma ya fara hazo. Na ba alhajin saƙo, na ce ya gaya masa yadda aka yi da gaske, ya roƙar min gafara. Hajji uku ke nan ba amsa. Duk shekara in alhazan Nijar sun zo ziyara, nakan tsaya a ƙofar Harami ina duba fuskoki.

Ba zan ce na hana ka tafiya ba. Ka girma, kuma na san in na rantse a kanka za ka je a ɓoye, kamar yadda na yi. Ka kama aikin gadinka. In kana son motsa jiki akwai kulob na gwamnati da ake kokawa ta ƙa'ida, da alƙali da likita, ba wanda ke ɓoye reza. In kuma zuciyarka ta matsa sai ka buga lambar nan, to kafin ka cire riga ka nemi wanda ya fi kowa daɗewa a cikinsu. Ka dubi goshinsa da kunnuwansa da yadda yake tashi daga zaune. Ka tambaye shi ina waɗanda suka fara tare. Sannan ka tambayi mai wasan, a gaban mutane, ko yana da izini, da kuma wa zai shiga da kai asibiti ya faɗi sunansa. Ka lura da inda idonsa zai tafi kafin ya amsa.

Tsorona biyu ne. Ina tsoron a bugo wayar maƙwabta a ce mu zo Jidda mu ɗauke ka. Duk lokacin da wayar gidan Alhaji Sani ta yi ƙara ta katanga, mahaifiyarka takan ajiye abin da ke hannunta, tun ba ka tafi ba. Amma na biyun ya fi nauyi a wurina. Ina tsoron ka dawo lafiya lau, ba ko ƙwarzane, ka zauna cin abinci da mu, alhali ka bar ɗan wani a kwance a can. Na san yadda ake rayuwa da wannan, kuma ba na so ka sani. Na fi so ka dawo ka ce min an yi maka ihu an kira ka matsoraci. Wallahi ranar zan yanka rago.

Allah Ya tsare min kai, Ya tsare mutane daga hannunka. Allah Ya kiyaye idonka da ƙashinka da hankalinka, Ya sa ka fi ni jin tsoronSa a lokacin da ake kiran sunanka. Kada ka bar sallah a kan lokaci. Ka gaida kawunka Sale da iyalinsa. Mahaifiyarka da ƙannenka suna gaishe ka, ta ce ka riƙa bugo waya duk Alhamis bayan la'asar, ko ba ka da abin faɗa. Na ba Allah ajiyarka.

Wassalamu alaikum.

Mahaifinka,
Haruna